Fushi da Majalisar Ɗinkin Duniya: Kada mu bar makashi mu kama marataya

A ranar Lahadi, 30 ga Yulin 2023, shugabannin ƙasashen ECOWAS suka yi taron gaggawa a Abuja, kwana huɗu bayan sojoji sun tsare Shugaba Mohamed Bazoum a Yamai. Kafin su tashi sun yanke hukunci: a rufe iyakoki da Nijar, a dakatar da ciniki da ita, a riƙe kuɗaɗenta da ke bankunan yankin, sannan sojojin su mayar da mulki cikin mako guda ko kuma a far musu da yaƙi. Ba a yi kwanaki ba Najeriya ta yanke wutar lantarkin da take sayar wa Nijar, wadda a lokacin ta kai kusan kashi 70 cikin 100 na wutar da ƙasar ke sha.

Babu ɗan kasuwar Jibiya ko na Maraɗi a ɗakin taron. Babu direban da ke dakon albasa tsakanin Birnin Ƙonni da Illela, babu mai awon hatsi a Maigatari. Amma su ne suka fara jin hukuncin a jikinsu. Manyan motoci suka yi cirko-cirko a bakin iyaka, kayan gwari suka ruɓe a kansu, abinci da magani suka yi tsada a Nijar, 'yan'uwa na jini suka koma bin hanyoyin daji kafin su je biki ko ta'aziyya. Janar Tchiani da abokansa kuwa ko gezau.

Tun daga lokacin ne mutane da yawa a yankinmu suka gane cewa abin da ake zartarwa a irin waɗannan ƙungiyoyi yana iya biyo mutum har cikin tukunyarsa. Da aka haɗa da abin da muke gani kullum a wayoyinmu daga Gaza da Sudan, sai fushin ya kai maƙura. A teburin mai shayi, a shirye-shiryen kiran waya na rediyo, maganar ɗaya ce: Majalisar Ɗinkin Duniya da ECOWAS da sauransu 'yan amshin shatan Turawa ne, ba su da wani amfani, gara a fita a huta.

Wannan fushi yana da dalili, kuma za mu zayyana dalilan ba tare da kwana-kwana ba. Sai dai matsayinmu shi ne, an ɗora laifin inda bai dace ba. Bahaushe ya ce zomo ba ya fushi da makashinsa sai da maratayinsa. Waɗannan ƙungiyoyi ba su da soja na kansu, ba su da haraji, ba su da kurkukun da za su jefa ƙasa a ciki. Duk ƙarfin da suke da shi aro ne daga gwamnatoci. Idan sun gaza, akwai gwamnatin da ta hana su, kuma tana da suna. Sannan idan suka rushe baki ɗaya, mai ƙarfi ba zai yi asarar komai ba. Ƙasashe irin namu ne za su kwana a ciki.

Gidan da aka gina ba da mu ba

An kafa Majalisar Ɗinkin Duniya a 1945, bayan Yaƙin Duniya na Biyu, da ƙasashe 51. Huɗu ne kacal daga Afirka: Masar, Habasha, Laberiya da Afirka ta Kudu. Najeriya na hannun Ingila, Nijar na hannun Faransa. Sai a 1960 suka shiga, Nijar a watan Satumba, Najeriya a ranar 7 ga Oktoba a matsayin ƙasa ta 99. Yau ƙasashe 193 ne a ciki, 54 daga Afirka.

A Babban Zauren Majalisar kowace ƙasa tana da ƙuri'a ɗaya, Amurka ɗaya, Nijar ɗaya. Amma abin da zauren ya zartar shawara ce, ba ta zama dole a kan kowa. Inda ake yanke hukuncin da ya zama wajibi, kamar takunkumi ko tura sojoji, shi ne Kwamitin Sulhu mai kujeru 15. Biyar na dindindin ne: Amurka, Birtaniya, Faransa, Rasha da Chaina. Kowace ɗaya daga cikinsu za ta iya hawa kujerar na-ƙi, ta kashe ƙuduri ko da sauran 14 sun amince. Kujeru goma da suka rage na karɓa-karɓa ne na shekara biyu, uku daga ciki na Afirka. Sau ɗaya aka taɓa faɗaɗa kwamitin, a 1965, daga kujeru 11 zuwa 15.

Wannan kujera ta na-ƙi da gangan aka yi ta. Ƙungiyar da aka kafa bayan Yaƙin Duniya na Farko ta mutu ne saboda manyan ƙasashe sun yi watsi da ita. Amurka ba ta taɓa shiga ba. Da Italiya ta mamaye Habasha a 1935, Sarki Haile Selassie ya je har Geneva a 1936 ya kai kuka, aka saurare shi, aka tashi, ba a yi komai ba. Waɗanda suka ci yaƙi na biyu sun ɗauki darasi irin nasu: ba za su zauna a ƙungiyar da za ta iya hukunta su ba. Ko dai a ba su damar cewa a'a, ko kuma ba za su shiga ba. Aka ba su. Tun daga tubalin farko ke nan aka yi kashin dankali, manya a sama, ƙanana a ƙasa.

Ko Babban Sakataren Majalisar bai tsira ba. A 1996 ƙasashe 14 na kwamitin suka goyi bayan a bai wa Boutros Boutros-Ghali na Masar wa'adi na biyu. Amurka ita kaɗai ta ƙi, kuma haka ya tattara ya tafi.

Inda ta ba mu kunya

Tarihin gazawar yana da tsawo. A 1994, lokacin da aka fara kisan ƙare dangi a Ruwanda, akwai dakarun Majalisar kusan 2,500 a ƙasar. Maimakon a ƙara, Kwamitin Sulhu ya rage su zuwa 270. Cikin kwana 100 aka kashe mutum kusan 800,000.

A 2003 Amurka da Birtaniya suka nemi amincewar kwamitin don su mamaye Iraƙi, da suka ga ba za su samu ba sai suka tafi yaƙinsu. Daga baya Kofi Annan ya fito ya ce yaƙin ya saɓa wa dokar Majalisar. Babu wanda aka hukunta.

A watan Fabrairun 2022 Rasha ta kashe ƙudurin da ya yi tir da mamayar da ita kanta ta yi wa Yukren. Babban Zaure ya yi tir da ita da ƙuri'u 141, yaƙi ya ci gaba. A Disamban 2023 Amurka ta kashe ƙudurin tsagaita wuta a Gaza duk da ƙasashe 13 sun goyi bayansa. Bayan 'yan kwanaki ƙasashe 153 suka nemi a tsagaita wutar a Babban Zaure, ruwan bama-bamai ya ci gaba. A Afrilun 2024 Amurka ta sake hawa kujerar don hana Falasɗinu zama cikakkiyar mamba. A Nuwamban wannan shekarar, Saliyo da Birtaniya suka kawo ƙudurin kare fararen hula a Sudan, inda yaƙi ya raba sama da mutum miliyan 10 da gidajensu. Ƙasashe 14 suka amince, Rasha ta ƙi.

Mai karatu ya lura da wani abu a wannan jeri. A Yukren da Gaza da Sudan, mafi yawan ƙasashen duniya sun tsaya a kan abin da ya dace, ƙasa ɗaya ce ta ɗaga hannu ta hana. Kuma ba kullum ƙasar Yamma ba ce. Wanda ya la'anci Amurka a kan Gaza ya yi shiru a kan abin da Rasha ta yi wa mutanen Sudan, bai yi adalci ba. Haka ma wanda ya yi akasin haka.

Akwai kuma inda da hannunmu a ciki. A watan Maris na 2011 kwamitin ya zartar da ƙuduri mai lamba 1973, wanda ya ba da damar amfani da ƙarfi don kare fararen hula a Libiya. Ƙungiyar tsaro ta NATO ta mayar da shi lasisin kifar da Gaddafi, aka yi biris da shirin sulhu na Tarayyar Afirka. Makaman Libiya suka bazu a Sahel, arewacin Mali ya faɗi a 2012, har yau muna girbar abin da aka shuka. Ƙuri'u tara ake buƙata kafin ƙuduri ya wuce, wannan ya samu goma. Uku daga cikin goman na Afirka ne: Najeriya, Afirka ta Kudu da Gabon. Da sun ƙaurace, da bai wuce ba. Wannan gaskiya ce da ba mu cika son tunawa ba.

Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya ma haka take. Ta ba da sammacin kama Omar al-Bashir a 2009, Vladimir Putin a 2023, Benjamin Netanyahu a 2024. Kotun ba ta da ɗan sanda ko ɗaya, ƙasashen da suka sa hannu ne ya kamata su yi kamun. Al-Bashir ya zo Abuja a 2013 ya koma gida lafiya. Putin ya je Mongoliya, Netanyahu ya je Hungary, aka shimfiɗa musu jar darduma. Amurka da Rasha da Chaina kuwa ba sa cikin kotun ma sam.

Ladan kuturu

A fannin kuɗi abin ya fi fitowa fili. A Asusun Ba da Lamuni na Duniya, wato IMF, nauyin ƙuri'arka daidai yake da nauyin hannun jarinka. Amurka na da sama da kashi 16 cikin 100, alhali manyan shawarwari na buƙatar kashi 85. Ita kaɗai ke nan za ta iya tsayar da su. Ƙasashen Afirka 54 a haɗe ba su kai kashi bakwai ba. Bisa al'ada Bature ne ke shugabantar asusun, Ba'amurke kuma Bankin Duniya. A 2021, da asusun ya raba agajin dala biliyan 650 don farfaɗowa daga annobar korona, Afirka baki ɗaya ta tashi da kusan biliyan 33.

Iyayenmu ba su manta da shirin tsuke bakin aljihu na SAP ba, haka 'yan Nijar ba su manta da watan Janairun 1994 ba, lokacin da aka wayi gari an raba darajar sefa gida biyu. Amma a nan ma sai a duba da kyau. A 1985 Janar Babangida ya buɗe muhawara a kan karɓar bashin IMF, 'yan Najeriya suka ce ba sa so, ya ce ya ji. A 1986 ya ɗauko sharuɗɗan da aka ƙi ya aiwatar da su da sunan shirin cikin gida. A ranar 29 ga Mayun 2023, shugaban Najeriya ne da bakinsa ya sanar da cire tallafin fetur a Dandalin Eagle. IMF da Bankin Duniya sun daɗe suna neman haka, sun kuma yaba. Sai dai babu wanda ke zuwa ƙofar mai ba da bashi sai wanda ya cinye abin da ke rumbunsa. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski.

Ita kanta Majalisar Ɗinkin Duniya da ladan wasu take rayuwa. Kasafinta na yau da kullum bai kai dala biliyan huɗu a shekara ba, a duniyar da ta kashe sama da dala tiriliyan 2.7 a kan sojoji da makamai a 2024. Kashi 22 cikin 100 na kasafin a wuyan Amurka yake, Chaina na biye da ita. Idan ɗayansu ya jinkirta biya, sai ofisoshi su shiga tsuke bakin aljihu.

Aikin da ba ya shiga kanun labarai

Da a nan labarin ya tsaya, da mu ma mun ce a rufe shago. Amma akwai ɗaya ɓangaren.

A farkon shekarun 1990 sojojin Najeriya da na Kamaru sun yi ta musayar wuta a Bakassi. Kamaru ta kai ƙara Kotun Duniya a 1994, kotu ta ba ta gaskiya a ranar 10 ga Oktoban 2002. Hukuncin ya yi wa 'yan Najeriya ciwo, kuma mutanen Bakassi da suka bar gidajensu har yau suna kuka, haka waɗanda ke ƙauyukan Tafkin Chadi irin su Darak da suka koma hannun Kamaru. Duk da haka Kofi Annan ya zaunar da Obasanjo da Paul Biya suka sa hannu a yarjejeniyar Greentree a 2006, aka kammala miƙa yankin a watan Agustan 2008 zamanin marigayi Umaru Musa 'Yar'adua. A kwatanta da Habasha da Eritiriya, waɗanda suka gwabza daga 1998 zuwa 2000 a kan rikicin iyaka da ya taso daga garin Badme, dubun-dubatar matasa suka mutu. Nijar da Benin ma sun daɗe suna jayayya a kan tsibirin Lete da ke Kogin Kwara. Kotun ce ta raba gardama a 2005, ta bai wa Nijar. Yaƙin da ba a yi ba, ba shi da hoto, shi ya sa ba a tunawa da shi.

Matashin yau bai san agana ba sai a bakin kakarsa, saboda shirin rigakafin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta jagoranta ya kawar da ita daga doron ƙasa, aka tabbatar a 1980. Kurkunu da ke kwantar da manoma a tsakiyar damina, an tabbatar Najeriya da Nijar sun rabu da shi a 2013. Shan inna kuwa labarinsa a gidanmu aka yi shi. A 2003 aka dakatar da rigakafi a Kano saboda zargi, kuma zargin bai taso daga iska ba, domin mutane na tuna gwajin maganin Trovan da aka yi wa yara a 1996. Sai da aka zauna da malamai da sarakuna, aka gwada maganin, aka dawo da aikin a 2004. A ranar 25 ga Agustan 2020 aka ayyana Afirka ta rabu da asalin ƙwayar cutar. Darasin shi ne, shirin bai yi nasara ba sai da masu shi suka sauko suka saurari mutanen gari.

Wayar da kake karanta wannan sharhi a kanta, lambar 234 ko 227 da ke farkon layinka wata hukumar Majalisar ce ta tsara, don kiranka ya isa Makka ko Kumasi ba tare da ya ɓace ba. Jirgin alhazai da ke tashi daga Kano ya ratsa samaniyar ƙasashe kafin ya sauka Jidda, ƙa'idojin wata hukumar yake bi, waɗanda kowace ƙasa ta yarda da su. A irin waɗannan wurare manyan ƙasashe ba su da ribar hana ruwa gudu, shi ya sa aiki ke tafiya.

Wanda ke shakkar amfaninsu ya dubi 2025. Shugaba Trump ya sa hannu a kan ficewar Amurka daga Hukumar Lafiya ta Duniya a ranar da ya hau mulki, ya rusa hukumar agaji ta USAID, wasu ƙasashen Turai ma suka rage tallafi. A watan Yuli Hukumar Samar da Abinci ta Duniya ta yi gargaɗin cewa kuɗin ciyar da mutum miliyan 1.3 a arewa maso gabashin Najeriya ya ƙare. Mutumin Washington bai ji komai ba. Uwar da ke sansanin gudun hijira a Borno ce ta ji.

Madubinmu na gida

ECOWAS ba Turawa suka kafa ta ba. Janar Gowon da Eyadema na Togo ne suka yi ta fafutuka har aka sa hannu a Legas a watan Mayun 1975. Yarjejeniyarta ta 1979 ce ta bai wa ɗan Katsina damar shiga Akara ko Abijan ya yi kwana 90 ba tare da biza ba. Dakarunta sun zubar da jini a Laberiya da Saliyo, mafi yawansu 'yan Najeriya. A Janairun 2017 ita ce ta tilasta wa Yahya Jammeh barin mulkin Gambiya bayan ya faɗi zaɓe.

To me ya same ta? Ta zama ƙungiyar shugabanni maimakon ta jama'a. A 2020 Alpha Condé na Gini ya sauya tsarin mulki ya yi ta-zarce, Alassane Ouattara na Kwaddibuwa ma ya nemi wa'adi na uku, aka kashe masu zanga-zanga a ƙasashen biyu, ECOWAS ba ta ɗauki wani mataki ba. Da sojoji suka fara juyin mulki sai ta tuna da dokokinta. Mutane suka ga cewa idan farar hula ya murɗe tsarin mulki a yi masa barka, idan soja ya yi a rufe wa talaka iyaka. Shi ya sa barazanar yaƙin 2023 ba ta samu goyon baya ba ko a Najeriya: Majalisar Dattawa ta ƙi, kuma ƙofar da aka rufe wa manzannin ƙungiyar a karon farko, Sarki Muhammadu Sanusi II da tawagar malamai ne suka samu aka buɗe musu.

An ɗage takunkumin a watan Fabrairun 2024 ba tare da an cim ma komai ba. Bazoum bai koma ba, ba a ma sake shi ba duk da umarnin kotun ECOWAS. Nijar da Mali da Burkina Faso suka fice a hukumance a ranar 29 ga Janairun 2025.

Amma a duba abin da suka yi. Tun kafin su fita sun kafa tasu ƙungiyar, AES, a watan Satumban 2023. Ba su bar Majalisar Ɗinkin Duniya ba, wakilansu na hawa mumbarinta su faɗi albarkacin bakinsu. Mali ta sallami dakarun Majalisar a ƙarshen 2023 bayan shekara goma, kuma tana da 'yancin yin haka, sai dai hare-haren ba su tafi tare da su ba. Ko waɗanda suka fi kowa fushi da ƙungiyoyi, ƙungiya suka sake kafawa. Iyakar Najeriya da Nijar ta kai kimanin kilomita 1,500, ta ratsa jihohi bakwai daga Kebbi zuwa Borno. Ɗan bindiga ba ya nuna fasfo, sanƙarau ba ya tsayawa a shingen kwastan, ambaliyar Kogin Kwara ba ta tambayar wace ƙungiya kake ciki. Dole a zauna da juna, ko a wane zaure ne.

Abin da ke hannunmu

Gyaran Kwamitin Sulhu ba abu ne mai sauƙi ba, kuma bai kamata a yaudari kowa ba. Sauya dokar Majalisar na buƙatar kashi biyu bisa uku na ƙasashe, tare da amincewar duka biyar ɗin nan. Ana roƙon mai riƙe da wuƙa ne ya ba da ita. Tun 2005 Afirka ta tsaya a kan matsayar Ezulwini: kujeru biyu na dindindin masu ikon na-ƙi, da biyar na karɓa-karɓa. A 2024 Amurka ta ce ta yarda da kujeru biyun amma ba tare da ikon na-ƙi ba. Mu kuma tun daga lokacin ba mu iya faɗar ƙasashen da za su hau ba, saboda Najeriya da Afirka ta Kudu da Masar da wasu kowa na hangen kansa. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Duk da haka ana ɗan matsawa. Tun 2022, duk ƙasar da ta hau kujerar na-ƙi, Babban Zaure na zama cikin kwana goma na aiki a tattauna abin da ta yi a gaban duniya, kuma ƙaramar ƙasar Liechtenstein ce ta kawo wannan shawara. Tarayyar Afirka ta samu kujera a ƙungiyar G20 a 2023. A Disamban wannan shekarar Kwamitin Sulhu ya amince Majalisar ta riƙa biyan har kashi 75 cikin 100 na kuɗin wasu ayyukan wanzar da zaman lafiya da Afirka ke jagoranta. Waɗanda suka zauna a ɗakin ne suka samo waɗannan, da naci da haɗa kai.

Saboda haka kiranmu ga gwamnatocinmu ne. Na farko, su biya kuɗin ƙungiyoyinsu. Hedikwatar Tarayyar Afirka da ke Addis Ababa Chaina ce ta gina, kuma mafi yawan kuɗin ayyukanta daga waje yake zuwa. A Kigali a 2016 aka amince da harajin kashi 0.2 cikin 100 a kan kayan da ake shigowa da su don ta tsaya da ƙafarta, har yau ƙasashe da yawa ba su aiwatar ba. A Abuja aka yi alkawari a 2001 cewa kowace ƙasa za ta ware wa lafiya kashi 15 cikin 100 na kasafinta. Mai masaukin taron ba ta taɓa cikawa ba. Wanda bai ciyar da 'ya'yansa ba, ba shi da bakin zagin maƙwabcin da ya daina aiko da tuwo.

Na biyu, ECOWAS ta hukunta ta-zarce da maguɗin zaɓe kamar yadda take hukunta juyin mulki, kuma idan za ta sa takunkumi ya tsaya a kan asusun masu mulki da tafiye-tafiyensu. Kada a sake yanke wa asibiti wuta ko a tare motar magani da sunan kare dimokuraɗiyya.

Na uku, Abuja da Yamai su ci gaba da magana a kan tsaron iyaka, kasuwanci da zirga-zirgar jama'a, ko da kowa na ƙungiyarsa daban.

Na huɗu kuma namu ne, 'yan jarida da 'yan majalisa da masu karatu. 'Yan Najeriya sun riƙe manyan muƙamai a waɗannan wurare: Amina Mohammed mataimakiyar Babban Sakatare tun 2017, Ngozi Okonjo-Iweala shugabar Ƙungiyar Cinikayya ta Duniya tun 2021, Farfesa Tijjani Muhammad-Bande ya shugabanci Babban Zaure a 2019. Muna alfahari da hotunansu, amma mutum nawa ne a cikinmu ya san yadda wakilin ƙasarsa ya kaɗa ƙuri'a a kan Libiya, ko sharuɗɗan bashin da ministan kuɗi ya sa wa hannu? Ƙuri'un a fili suke, an rubuta su, kowa na iya dubawa a wayarsa. Duk lokacin da aka ce Majalisar Ɗinkin Duniya ta gaza, ko ECOWAS ta yi kaza, mu tambaya: wace ƙasa ce ta hana, wane shugaba ne ya sa hannu, kuma namu wakilin ina ya tsaya? A ranar 30 ga Yulin 2023 ba wani Bature a kan kujerar shugabancin taron Abuja. Shugabanninmu ne, kuma su ya kamata ɗan kasuwar Jibiya da na Maraɗi su fara yi wa tambaya.